Tarin da Aka Kira Hauka

Abubuwa da yawa sun ɓace mini daga shekarun da na yi ina aikin likitan dabbobi a ƙasar Adar. Na manta yawan shanun da na yi wa allura, na manta sunayen rijiyoyin da na yini a bakinsu ina jiran makiyaya. Amma akwai wata ranar kasuwa guda da ba za ta fita daga raina ba har ranar da za a rufe ni da ƙasa. Yanzu furfura ta cika mini kai, amma da na tuna ta sai in ji zuciyata ta tafasa kamar jiya abin ya faru. Wani zai yi dariya in ya ji a kan kare ne. To, ya yi dariyarsa, ni dai zan faɗa.

A lokacin ina saurayi, ban daɗe da gama makarantar ma'aikatan kiwo ba. Zamanin soja ne, ƴan shekaru bayan babban farin da ya ƙarar da dabbobin mutane. Aka turo ni wani gari a kan tudun duwatsu, can tsakanin Buza da Allakaye. Ba zan faɗi sunansa ba, don jikokin waɗanda abin ya shafa suna nan da ransu. Ni kaɗai ne a ɗan biro, wato ofis, mai ɗaki biyu, da akwatin magani da wata tsohuwar mobileti, wato ƙaramin babur. Shugabana, wanda muke kira Shef, yana zaune a babban gari, sai ya ga dama yake leƙo mu.

A garin akwai wani tsoho makaho mai tufkar igiya. Da can maharbi ne, an ce babu kwazazzabon da bai sani ba daga nan har Keita. Idanunsa suka mutu sannu a hankali, har duhu ya rufe shi gaba ɗaya. Bai taɓa miƙa hannu ya yi bara ba. Yana zaune da tsohuwar matarsa, ɗansu guda ya tafi ci-rani bakin teku, sai dai saƙon gaisuwa jefi-jefi. Tsohon yakan sayi kaba ya tufka igiyar guga da ta ɗaurin jaki da dabaibayi, ranar kasuwa ya kai ya sayar. Da wannan suke ci.

Mai yi masa jagora kuwa kare ne. Wani ɗan ƙaramin kare ja, mai gajerun ƙafafu da faffaɗan goshi, bai yi kama da dogayen karnukan makiyaya ba ko kaɗan. An ce uwarsa ta wani Bature ce da ya zo haƙar rijiyoyi, ya tafi ya bar ƴaƴanta. Tsohon ya ɗauki ɗaya ya rena tun idonsa na gani dishi-dishi. Wanda bai ga aikin karen nan ba ba zai yarda ba. Ya san hanyar kasuwa, ya san ta mai kaba, ya san ta masallaci. In sun zo inda dutse ya yi tudu sai ya tsaya cik, har tsohon ya laluba da sanda ya taka. In sun kusa masallaci sai ya kwanta a gindin wata aduwa can nesa, tsohon ya ƙarasa da bin bango, don kada a ce ya kawo najasa bakin ɗakin Allah.

Wata safiya cikin bazara, ina wanke allurai, na ji sallama a bakin ƙofa.

"Nan ne wurin likitan bisashe?"

Na ce, "Nan ne, Baba. Bismilla, shigo."

Bai shigo ba. Ya tsaya yana murza igiyar da ke hannunsa, kamar wanda ya zo roƙon abin kunya. Can ya ce, "Likita, na san shanu da awaki kaka dubawa. Ban sani ba ko kana duba kare."

Kafin in ba shi amsa, karen da kansa ya amsa. Ya buɗe ƙafafunsa na gaba, ya miƙe wuya, ya soma wani irin busasshen tari mai ƙara, sak kukan dinya a bakin tabki. Ya yi ta yi, ya yi ta yi, kamar wani abu ya maƙale masa, har harshensa ya soma yin duhu. Daga ƙarshe ya yi kakari ya zubar da ɗan farin kumfa, ya zauna yana haki. Duk wannan lokacin tsohon yana tsugune yana shafa bayansa yana cewa, "Sannu, sannu."

Na tambaye shi tun yaushe. Ya ce tun kaka, wato wata shida ke nan ko fiye. Na ce yaushe ya fi tasar masa. Ya ce in suna hawan tudu yana jan shi, da in rana ta take, da in ya yi murna, da in tsohuwa ta hura wuta hayaƙi ya cika gida. Yana ci? Yana ci. Yana shan ruwa? Yana sha, sai dai wani lokaci ruwan ma ya tayar masa da tarin.

Na duba shi. Jikinsa ba zafi, idonsa garau, hankalinsa kwance. Amma ya yi ƙiba ƙwarai, don mahauta sun saba jefa masa kitse ranar kasuwa. Da na ɗan taɓa maƙogwaronsa da yatsa biyu, sai tarin ya dawo nan take. Na buɗe gashin wuyansa, na ga inda igiya ta ci wurin, gashi ya ƙare, fata ta yi kanta. Zarge ne aka yi wa igiyar, duk lokacin da karen ya ja gaba sai ta ƙara shaƙe shi.

Gaskiya a makaranta ba a ɓata mana lokaci kan karnuka ba, ban da ciwon haukan kare. Amma na tuna wani malaminmu ya taɓa ambatar wannan ciwon, na kuma same shi a wani littafi da na zo da shi. Ba ni da na'urar ɗaukar hoton ƙirji da za ta tabbatar mini, amma alamun duk sun haɗu. Abin da ya rage shi ne yadda zan bayyana wa mutumin da ba ya gani. Sai na ce ya jira ni. Na tafi wurin mahauci na roƙi maƙogwaron akuyar da ya yanka da safe, na zo na ɗora wa tsohon a tafin hannu.

"Baba, shafa ka ji. Me ka ji?"

Ya bi shi da yatsu. "Maƙoshin akuya ne. Ga zobbansa nan jere."

"Matsa shi, ka saki."

Ya matsa, ya saki, abin ya koma yadda yake. Na ce, "To, waɗannan zobban guringuntsi su ke riƙe hanyar iska a buɗe. Na karenka sun yi laushi. In ya ja numfashi da ƙarfi, maimakon hanyar ta tsaya a buɗe sai ta lotse, iska ta rasa wurin wucewa. Shi ne ƙarar da kake ji. Ƙananan karnuka irinsa an fi samunsu da shi, wasu da raunin ake haihuwarsu. Tsufa na ƙara shi, ƙiba na ƙara shi, zafi da hayaƙi na tayar da shi. Sai kuma abin da ke matsa wuya."

Hannunsa ya sauka kan wuyan karen, ya lalubo zargen. Ya daɗe yana riƙe da shi.

"Ashe igiyata ce," ya ce. "Da hannuna na tuhka ta. Shekara bakwai shina ja na, ni ko ina shaƙe shi."

Na ce masa ba igiyar kaɗai ba ce, kuma wanda bai sani ba ba a kama shi da laifi. Ban san ko ya ji ni ba. Ya kwance zargen a wurin, ya cusa igiyar cikin aljihu.

"Shina warkewa?"

Na gaya masa gaskiya. Guringuntsin da ya yi laushi ba ya komawa. A Turai, in abin ya yi tsanani, akan yi wa kare aiki a sa masa zobban roba su tallafi maƙogwaron, amma mu nan ko mutum bai samu irin wannan gatan ba. Sai dai ciwo ne da ake zama da shi shekaru, in an kiyaye. Abu na farko, kada komai ya sake taɓa wuyansa.

Muka tafi wurin baduku. Da ya ji abin da nake so sai ya ajiye basillarsa ya dube ni.

"Ni? Da girmana in yi ma kare ɗinki? Likita, wanga wane irin aiki ne gwamnati ta aiko ka yi?"

Na lallashe shi, tsohon kuma abokinsa ne tun ƙuruciya. Daga ƙarshe ya yarda, amma da sharaɗin ba zai taɓa karen ba. Ni na auna da zare, shi ya yanka fata. Ya ɗinka wata ƴar ɗamara mai faɗi wadda ta ratsa ƙirji ta zagaya bayan ƙafafun gaba, da zobe a gadon baya inda za a ɗaura igiya. Yana ɗinki yana mita, amma da ya gama har ƴar jar fata ya sa mata a gefe don ado. Ya ce aikinsa ba ya fita da muni, ko na jaki ne.

Sauran maganin na yau da gobe ne. Na yi wa karen allurar rage kumburi kwana uku, na ba da ruwan maganin tari da zan riƙa auna masa da kaina, don kada a zarce. Na ce a ba shi ɗan zuma a bakin cokali in maƙoshin ya bushe. Na bi mahauta ɗaya bayan ɗaya na roƙe su su daina jefa masa kitse. Na ce tafiya sai da safe ko da la'asar, in rana ta take a zauna a inuwa a jiƙa masa tsumma a baya. Tsohuwa ta mayar da murhunta bayan ɗaki saboda hayaƙi. In tarin ya taso kuma, kada a ruɗe, a zaunar da shi a shafa shi har ya lafa, don tsoro na ƙara shi.

Cikin mako uku sai ga canji. Tarin da ke tasowa sau goma a yini ya koma sau biyu, wata rana ma babu. Karen ya saba da ɗamarar, yana jan tsohon da ƙirji, kansa a sake. Wata ranar kasuwa tsohon ya tsaya a bakin biro ya ajiye mini sabon dabaibayi. Na ce ba ni da jaki. Ya ce, "Aje, kana yi wata rana." A duk aikin da na yi a wannan shekarar, babu wanda ya faranta mini rai kamar wannan.

Ana nan sai labari ya zo daga wani ƙauye can wajen Urno, cewa mahaukacin kare ya ciji mutane, har wani magidanci ya rasu. Waɗanda suka ga rasuwarsa sun ba da labarin da ke tayar da tsikar jiki. Ba na ganin laifin kowa don ya ji tsoro. Haukan kare ba abin wasa ba ne, ni na fi su sanin haka. Abin da har yau ban yafe ba shi ne yadda tsoron ya sa mutane suka ƙaryata kunnuwansu. Mutanen da suka yi wata shida suna jin tarin karen nan, suna ma kwaikwayonsa suna dariya, rana ɗaya suka ce ai kukan hauka ne. Wani mai tebur ya rantse ya ga kumfa a bakinsa. Mata suka soma janye ƴaƴansu in tsohon ya doso. Har jifa aka yi musu a hanyar rijiya, dutsen ya sami tsohon a ƙafa.

Mai gari ya aiko kirana. Na same shi da dattawa a zaure. Na ce, "Ranka ya daɗe, karen da hauka ta bayyana a jikinsa ba ya wuce kwana goma a duniya. Wannan tun kaka yake tari. Wace irin hauka ce za ta yi wata bakwai tana kai makaho masallaci tana dawo da shi?"

Wasu suka yi murmushi, wasu suka sunkuyar da kai. Mai gari ya ce ya ji, amma hankalin jama'a ya tashi. Sai na kawo shawara: a tsare karen a filin biro kwana goma sha biyar, kamar yadda doka ta ce a yi wa dabbar da ake zargi, kowa ya gani da idonsa. Aka yarda.

Tsare karen nan tsare tsohon ne. Kullum da safe tsohuwa ta riƙo masa sanda, suna tafe suna tuntuɓe a kan duwatsu, ita ma ga ciwon gwiwa. Ya zauna a gindin bishiya kusa da karen ya yi ta tufka har yamma. Na ajiye kwanon ruwa daidai inda masu wucewa za su ga karen yana sha, don an san mahaukacin kare da ƙyar yake haɗiyar ruwa. Kullum ina rubuta yadda ya kwana da yadda ya ci. Kwana goma sha biyar suka cika, kare lafiya lau, har ya ƙara ramewa yadda nake so. Na rubuta takarda biyu na buga hatimi. Ɗaya na aika wa Shef, ɗaya na ba tsohon. Ya ninke ta ya sa cikin hularsa, ya ce, "Yanzu dai mun zama ƴan gwamnati." Muka yi dariya. Ni a wautata na ɗauka magana ta ƙare.

Kwana tara bayan haka, ranar kasuwa, sai ga motar Shef da hantsi, da gardi biyu, dakarun gwamnati, a baya riƙe da bindigogi. Umarni ya zo daga sama a kashe karnukan da ba su da masu su. Wannan daidai ne, ni ma na goyi baya. Amma wa ke farautar kare da mota ranar kasuwa? Harbin farko, duk karnukan juji suka haye duwatsu. Makiyaya suka kira nasu suka bar gari. Har rana ta take, uku kaɗai aka samu. Shef yana tsaye jikin mota yana share gumi yana faɗa, wai da wane ido zai koma ya ce karnuka uku ya kashe a gari guda.

Tsohon yana rumfarsa ya ji harbe-harbe, ya ji karen na rawar jiki a ƙafarsa. Sai ya tattara igiyoyinsa ya ce gara su koma gida. Ga tsakar rana, ga tsoro, ga sauri: duk abin da na hana ya haɗu. Hanyar gidansu kuma ta gaban motar ta bi. Suna zuwa daidai wurin, tarin ya taso.

Shef ya juyo. "Wannan fa? Kuna da irin wannan a gari kuka bar ni ina yawo a rana?"

Na sheƙo da gudu. Na ce, "Shef, wannan shi ne wanda na aiko maka takarda a kansa. Ba hauka ba ce, maƙogwaronsa ne ya lotse. Na tsare shi kwana goma sha biyar."

"Wace takarda?"

Tsohon ya cire hularsa, ya zaro takardar ya miƙa ta inda yake jin murya. Ya miƙa ta ɗan gefe, don bai san daidai inda mutumin yake ba. Shef bai ko kalle ta ba. Ni na karɓa na buɗe na riƙe masa a gaban ido.

Shef ya ce, "Kai, yaushe ka fito daga makaranta? Shekara ashirin ina wannan aiki, yau kai za ka koya mini kukan mahaukacin kare? Dubi kumfa a bakinsa."

"Shef, taɓa wuyansa kawai. Ko ka sa a kawo ruwa ka ga yadda zai sha. Minti ɗaya."

"In ya ciji wani gobe, kai za a tambaya ko ni?"

Na juya wajen jama'a. Kasuwa guda ta kewaye mu. Ga mahautan da suka yi shekaru suna ba shi kitse. Ga dattawan da suka zauna a zauren mai gari. Ga waɗanda suka wuce ta bakin biro kwana goma sha biyar suna ganinsa yana shan ruwa. Na ce, "Jama'a, ku faɗa masa! Tun yaushe kuke jin tarin nan?" Wallahi ko mutum ɗaya bai buɗe baki ba. Kowa ya sa ido a ƙasa, kamar an ce wanda ya fara magana za a ɗaure shi. Baduku kaɗai na ga ya matso, wani ya riƙe masa riga.

Tsohon ya tsuguna yana shafa bayan karen, yana cewa, "Ranka ya daɗe, idona ne. Ba ni da wani ido sai shi. Ku bari shi lahwa, yanzu shina bari."

Kuma da gaske tarin ya soma lafawa. Karen ya zauna yana haki, ya ɗaga kai yana duban ubangidansa. Shef ya ce a janye tsohon. Gardi ɗaya ya kama shi ta kafaɗa ya ja shi baya, amma bai saki igiyar ba. Ɗayan ya yi jim, ya dubi Shef, Shef ya daka masa tsawa. Ina tsaye taku uku daga wurin, da takarda a hannuna, ina ta cewa "Shef, Shef." Aka harba.

Igiyar tana hannun tsohon. Ya ji ta fizge, sannan ta saki. Ya ɗan ja ta, ya ji nauyi. Ya sake ja a hankali, kamar yadda yake yi in yana so su tashi.

"Likita," ya ce. "Likita, kana nan? Mi anka yi?"

Ya bi igiyar da hannu, a durƙushe, har ya kai ga ɗamarar. Da ya ji danshi a yatsunsa sai ya ce, "Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un." Bai yi kuka ba, bai zagi kowa ba. Gardi ya zo da wuƙa zai yanke wutsiya, don da ita ake ƙidaya. Nan ne bakina ya buɗe. Ban san duk abin da na faɗa wa Shef ba, amma na tuna na ce masa ya rubuta a rahotonsa cewa yau ya kashe idon makaho, kuma Allah Yana gani. Ya ce in maimaita. Na maimaita. Ya shiga mota ya ce za mu haɗu. Sun tafi da wutsiya huɗu.

Ni da baduku muka ɗauki karen muka kai bayan gari muka tona rami. Mutumin da ya rantse ba zai taɓa kare ba, shi ya ɗauke shi da hannu biyu. Sannan na riƙo hannun tsohon na kai shi gida. A hanya mutane suna ta cewa, "Sannu Baba, sai haƙuri," su ɗin nan da suka yi gum ɗazu. Wani har ya ce mini, "Ai mun san ba hauka ba ce." Na dube shi, na ja hannun tsohon muka wuce.

Karnukan juji kuwa, waɗanda aka zo dominsu, da yamma suka sauko daga duwatsu suka ci gaba da yawonsu. Babu wanda ya sake zuwa nemansu.

Na rubuta ƙara na aika sama, da kwafin duk abin da na rubuta a kwana goma sha biyar ɗin nan. Amsar da na samu ita ce takardar canjin wurin aiki, zuwa wani ƙauye can bayan Keita, saboda rashin ladabi ga na gaba. A kan karen ko kalma ɗaya ba a ce ba.

Kafin in tashi na samo ɗan kwikwiyo wurin wani makiyayi na kai wa tsohon. Na tarar da shi a ƙofar ɗaki, kaba a gabansa, bai taɓa ta ba. Tun ranar bai sake zuwa kasuwa ba. Tsohuwa ta gwada kai shi sau biyu, gwiwarta ta hana. Na ɗora masa kwikwiyon a cinya. Ya shafa kansa, ya shafa kunnuwansa, har ya ɗan yi murmushi. Sannan ya miƙo mini shi.

"Mai da shi, ɗana. Wancan da sauran ganina na koya mishi hanya. Wanga da mi zan koya mishi? Kuma ko ya koya, ba ni so a sake harbe wani a hannuna."

Na ce, "Baba, ka yafe mini. Na ce maka takarda ta isa."

Ya ce, "Kai ka yi naka. Kai kaɗai ka yi magana."

Ya faɗa ne don ya sanyaya mini zuciya, amma ni na san ban yi nawa ba. Taku uku ne tsakanina da karen. Da na taka su na tsaya a gabansa, babu gardin da zai harbi ma'aikacin gwamnati a tsakiyar kasuwa. Iyaka a ɗaure ni kwana biyu, ko a canza mini wurin aiki, wanda dama an canza. Amma na tsaya ina kaɗa takarda ina jiran mutumin da ya riga ya rufe kunnensa ya karanta. Bayan damina biyu wani ɗan garin ya same ni a kasuwar dabbobi ya ce mini tsohon ya rasu. Ya ce tun bayan tafiyata ko masallaci sai in an sami mai kai shi ranar Juma'a.

Na yi shekara talatin da wani abu a aikin nan bayan haka, ni ma har na zama wanda ake kira Shef. Ban taɓa yanke hukunci a kan dabbar da ban sa hannuna a jikinta ba, kuma in ƙaramin ma'aikaci ya ce mini "duba," sai na duba, ko da jiya ya fito daga makaranta. Abin da ranar nan ta koya mini shi ne, mai iko in ya ƙi dubawa ya fi mahaukacin kare haɗari, kuma ba ya yin ɓarna shi kaɗai, sai da taimakon waɗanda suka san gaskiya suka yi shiru. Gaskiya kuwa ba ta tare harsashi don an rubuta ta an buga mata hatimi. In ka san ta, kuma ka ga za a zalunci wanda ba shi da baki, kada ka tsaya daga gefe kana bayani. Taka ka shiga tsakani.